Kayan gem da ke zuwa da waya daga kamfani: wanne ake kashewa, wanne ake ƙyalewa?

Malamin Kwamfuta:
Assalamu alaikum jama'a. Ƙorafin nan ya yi yawa: mutum ba ya buga gem, amma wayarsa cike take da kayan gem da kamfani ya zuba, suna turo talla, suna shan data, wani lokacin ma wani ɗan maɓalli ya maƙale a gefen allo ya ƙi tafiya. Kowa ya kawo abin da ya gwada da hannunsa, ya faɗi irin wayar. Amma a fara rarrabe su, don yawancin ɓarnar daga haɗa su a kwando ɗaya take fitowa. Akwai shagon gem mai talla. Akwai ɗan allon da ke leƙowa idan an buɗe gem. Sannan akwai wanda ba a ganinsa sam, aikinsa rage wa waya gudu idan ta fara zafi. Na farkon babu asara a kashe shi. Na ƙarshen kuwa sai an yi tunani.

Mai Gyara na Farm Centre:
Wa alaikumus salam Malam. Bari in ɗauki Samsung, ita aka fi kawo mana da wannan kuka.

Shagon shi ne Gaming Hub, wanda ake kira Game Launcher kafin One UI 6 (One UI shi ne tsarin wayoyin Samsung). Kar a yi gaggawar kashe shi. A fara shiga saitinsa a duba inda aka zaɓi a riƙa nuna gem-gem, domin yana iya tattara su ya ɓoye a cikinsa kaɗai. A mayar da su kan babban allo tukuna, in ba haka ba mai waya zai ɗauka an goge masa su. Daga cikinsa kuma ake samun ƙofar Game Booster, wato ɗan allon nan da ke leƙowa idan an buɗe gem, cikin sauƙi, saboda haka a gama da wancan kafin a rufe wannan. A tsofaffin wayoyi makunnin yana Settings, sai Advanced features, sai Game Launcher. A sababbi kuwa Settings, Apps, Gaming Hub, sai a danna Disable ko Uninstall, duk wanda wayar ta bayar.

Game Booster galibi ba ya ba da maɓallin kashewa gaba ɗaya, sai dai a bi shi gaɓa-gaɓa. Abubuwa biyu ne ke damun mutane a cikinsa: maɓallin nan mai yawo a allo, da kariyar taɓawa da ke dusashe allo ta kulle shi idan an ɗan jima ba a taɓa ba. Kowanne yana da makunninsa. Idan kuma wayar ta ɗauki wata manhaja da ba gem ba a matsayin gem, cire ta daga jerin Gaming Hub ya kan isa.

Ɗan Gem na Kaduna:
Oga, ai ka bar babban a baya. Game Optimizing Service, wato GOS, mai rage wa waya gudu, shi ne mai laifin. A watan Maris na 2022, bayan fitowar Galaxy S22, masu waya a Koriya ta Kudu suka fitar da jerin manhajoji kusan 10,000 da GOS ke sa wa ido, har da waɗanda ba gem ba, amma babu manhajojin awon ƙarfin waya a cikin jerin. Geekbench, ɗaya daga cikin manhajojin awon, ta cire S22 da S21 da S20 da S10 daga jadawalinta saboda haka, Samsung kuma ya ba da haƙuri a taron masu hannun jari. Ni a ganina a tumɓuke shi kawai.

Mai Gyara na Farm Centre:
Tarihin da ka kawo haka yake, ƙanena, amma ka tsallake abin da ya biyo baya. Sun saki afdet da ya sa wani makunni a cikin Game Booster, ɓangaren Labs, mai suna Alternate game performance management. Ka kunna shi, GOS zai sassauta riƙon da yake yi tun daga farkon wasa, ya bar waya ta yi gudunta har sai zafi ya tashi. Wannan ya wadatar da mai buga PUBG ko Free Fire.

Tumɓuke shi kuwa matsala biyu gare shi. A kan One UI 4 zuwa sama an ɗaure shi da tsarin wayar, ko ka kashe shi ta kwamfuta sau da yawa yana dawowa da kansa. Na biyu, ka tuna inda muke. Apple ma a takardunta cewa ta yi a yi amfani da waya a yanayin da bai wuce digiri 35 ba, mu kuwa a Kano watan Afrilu muna haura 40 a inuwa. Batirin lithium ba abin da ke tsufar da shi kamar zafi. Waya a caji, cikin kwanson roba, ana gem, an kuma cire mai gadin zafi: haka ake samun batir ya kumbura ya ɗaga murfin baya. Kuma gudun da kake nema ba ya daɗewa, don akwai wani matakin kariya a can ƙasa wanda ba ya cikin kowace manhaja. Minti kaɗan wayar za ta yi tana tashi, sai ta faɗo da ƙarfi, gem ya hau sarƙewa.

Wani abu kuma: a wayoyin da ke da shi, makunnin Pause USB Power Delivery a cikin Game Booster yake. Shi ne ke tura wutar caja kai tsaye ga wayar ba tare da ta bi ta batir ba yayin wasa. Yana buƙatar caja mai PPS (wani nau'in caji mai sauri) ta wat 25 ko fiye, batir kuma ya haura kashi 20. Ka cire Game Booster, ka yi bankwana da shi.

Hajiya Mai POS:
Ku kuna ta Samsung, mu kuwa Tecno da Infinix da itel ne a hannunmu. A nan AHA Games ne mai damun, sai Palm Store da ke tayin gem ba dare ba rana. Hanyar da ke aiki ba tare da kwamfuta ba: a danna alamar AHA Games a riƙe, a shiga App info. A kashe Notifications duka. A shiga wajen data a kashe Background data. A danna Force stop, a goge data ɗinsa ta Storage. Idan Disable ya yi haske a danna, idan ya dusashe to waccan wayar ba ta yarda ba, a bar shi haka. Da zarar an toshe masa sanarwa da datar bayan fage, kusan ya zama gawa. Amma kar a sake buɗe shi ko da kuskure, don buɗewar ce ke tashinsa.

Game Mode kuma daban ne, yana Settings ƙarƙashin Special function. Masu sana'a irin tamu su duba shi da kyau, domin yana da zaɓin danne sanarwa da kira yayin wasa. Yaro ya karɓi waya yana gem, alat ya shigo ba a gani ba, kwastoma na tsaye yana rantsuwa ya tura.

Na Damagaram:
Gaskiya ne Hajiya. Ga 'yan uwa na Nijar da wayarsu ke kan Faransanci, hanyar ɗaya ce, sunaye ne suka bambanta: Paramètres, sai Applications, sai Désactiver, Force stop kuma shi ne Forcer l'arrêt. In an rasa abu a jerin, a taɓa ɗigo ukun nan na sama a ce a nuna manhajojin tsari, da yawansu a can suke laɓe.

Injiniya daga Zariya:
Masu Redmi da Poco na kamfanin Xiaomi ku saurara, don nan ne ake kashe waya baki ɗaya. Game Turbo ba manhaja ce mai zaman kanta ba, ɗaki ne a cikin manhajar Security. Kashe shi ba wuya: a buɗe Security, a shiga Game Turbo, a taɓa alamar saiti, a kashe babban makunnin, a kashe na gajeriyar hanya da ke fitowa a gefe, a cire alamarsa daga babban allo. Shi ke nan.

Kuskuren da ake yi, mutum ya ga Game Turbo bai fito a jerin manhajoji ba, sai ya bi ta kwamfuta ya cire com.miui.securitycenter. Wayar za ta mutu ta taso, ta tsaya a tambarin kamfani, ta sake mutuwa, haka za ta yi ta zagaye. Mafita sau da yawa sai goge wayar gaba ɗaya, hotuna da komai su tafi. Shagon gem nasu da GetApps, shagon manhajojinsu, su ne masu talla, a yi musu irin maganin da Hajiya ta faɗa. Joyose kuma shi ne takwaran GOS a wajen Xiaomi, hukuncin Oga na Farm Centre ya hau kansa.

Malamin Kwamfuta:
Tunda an ambaci kwamfuta har sau uku, bari in shimfiɗa yadda ake yi, don wanda zai yi ya yi daidai.

Ana buƙatar Platform Tools na Google a kwamfuta, da kebul mai ɗaukar data. Kebul ɗin caji zalla, irin na araha, ba shi da wayoyin data a ciki, kwamfuta ba za ta ga wayar ba ko a kwana ana gwadawa. A waya a shiga About phone a taɓa Build number sau 7. A Samsung yana cikin Software information, a Xiaomi kuma lambar tsarin wayar, MIUI ko OS, ake taɓawa. Developer options zai bayyana, a kunna USB debugging. Masu Samsung daga One UI 6 su kashe Auto Blocker a Security and privacy, don yana toshe umarnin da ke zuwa ta kebul.

A jona, a buɗe tagar rubuta umarni a kwamfuta cikin folda ta Platform Tools, a rubuta adb devices. Idan ya ce unauthorized, a duba allon wayar, akwai tambayar izini tana jira. Daga nan a rubuta adb shell pm list packages game, zai jero duk abin da ke da kalmar a sunansa. Ba kowa zai fito ba: AHA Games sunansa na ciki net.bat.store, Gaming Hub kuma com.samsung.android.game.gamehome. Umarnin dakatarwa shi ne adb shell pm disable-user --user 0 sai sunan. Maidowa kuma adb shell pm enable sai sunan.

Za ku ga ana yaɗa pm uninstall -k --user 0. Yana aiki, ana kuma maido da abin da cmd package install-existing, amma na fi son dakatarwa, don ita ana iya warware ta daga saitin wayar. Kuma kar wanda ya sa ran samun wurin ajiya. Asalin manhajar yana ɓangaren tsari wanda ba a taɓawa, abin da ake samu kawai shi ne afdet da tarkacen da ta tara. Ɗaya-ɗaya ake yi: a dakatar, a kashe waya a kunna, a gwada kira da kyamara da manhajar banki, sannan a wuce gaba. A rubuta sunan duk abin da aka taɓa a takarda. In an gama a kashe Developer options, domin wasu manhajojin banki ba sa buɗewa idan yana kunne. Babban afdet na iya dawo da wasu, mayar da waya sabuwa kuwa yana dawo da duka.

Baban Yara:
Malam, a ƙara wannan don iyaye. Google Play Games da Google Play services ba abu ɗaya ba ne, sunan ne ya yi kama. Na farkon ana kashe shi lafiya, iyaka a tabbata yaro ya san cewa gem ɗin da ke ajiye matakinsa ta nan ba zai riƙa shiga da kansa ba. Na biyun kuwa in aka taɓa shi, sanarwar manhajoji da taswira da Play Store duk sai su rikice. Don hana shiga gem da asusunka kai tsaye, a bi Settings, Google, a nemo Play Games a kashe shiga ta atomatik.

Sai dai kashe waɗannan ba ya hana yaro sauke gem, ba ya kuma hana shi sayen lu'ulu'u da katin da ke maƙale a asusu. Wannan a Play Store ake gyara shi: a shiga Settings a sa a riƙa neman tantancewa a kan kowane saye. Wanda ke son iyakance lokaci sai Family Link, manhajar Google ta iyaye.

Ɗan Gem na Kaduna:
Na karɓi gyara a kan GOS, Oga. Na iPhone gajere ne. Settings, Game Center, a fita daga asusun. Idan wayar yaro ce, a Screen Time ƙarƙashin Content & Privacy Restrictions ake hana wasa da baƙi da ƙara abokai. Game Mode da ya zo da iOS 18 kunna kansa yake yi idan an buɗe gem, ana kashe shi daga Control Center lokacin da gem ɗin ke buɗe, kuma wannan gem ɗin kaɗai ya shafa.

Hajiya Mai POS:
Malam, wanda ba shi da kwamfuta fa, kuma Disable ya dusashe masa?

Malamin Kwamfuta:
Daga Android 11 akwai Wireless debugging, Hajiya. Da shi ake tayar da Shizuku, manhajar da ke maye gurbin kwamfuta wajen ba da umarnin adb, a kan wayar kanta, sai manhaja irin Canta ta yi aikin cirewar. Dole wayar ta kasance a kan Wi-Fi lokacin haɗawa, ko da na wata wayar ne, datar layi ba ta yi. Shizuku yana tsayawa duk sanda aka kashe waya, amma abin da aka riga aka cire yana nan a cire. Canta tana sa wa kowace manhaja alamar haɗarinta, ki tsaya a kan masu alamar Recommended kawai.