Mai ɗanɗana abinci a intanet: ɗan sana'a ne ko maroƙin zamani?

Kawu Direba: Assalamu alaikum jama'ar gida. Tun jiya yaran nan ke turo mana bidiyon masu cin abinci a gaban waya suna ba da maki, har wani a cikinmu na cewa shi ma zai fara a nan Garwa. To bari in faɗi tawa kowa ya ji. Wannan ba sana'a ba ce, roƙo ne. Maroƙi ne ya sami waya. Ka cika masa faranti ya wasa ka, ka hana shi ya yi maka zambo. Wanda bai yarda ba ya kawo hujja.

Ɗan Dang: Wa alaikumus salam Kawu. Ni ne wanin, ba sai an sakaya ba. Kuma ga hujjata. Wanda na turo jiya, siririn nan mai kwat da lakataya, sunansa John Jurasek, ɗan Amurka ne, tasharsa a YouTube ita ce TheReportOfTheWeek. An haife shi a 1997, ya fara a 2011, wato bai wuce shekara 14 ba. Da lemukan ƙara kuzari ya soma, daga baya ya koma abincin gaggawa na su McDonald's da Burger King. Yau mabiyansa sun haura miliyan 2. Ba ya ihu, ba ya rawa. Ya zauna ya buɗe takarda, ya duba, ya gutsura, ya tauna a natse, sannan ya faɗi ko abin ya kai kuɗinsa. Mutum ya shekara goma sha wani abu yana aiki ɗaya, a ce ba sana'a ba?

Kawu Direba: Maroƙin gidan Lamido ma shekara 40 yake yi yana abu ɗaya.

Ɗan Dang: Amma Kawu, abin da ya fito da shi duniya ba yabo ba ne. A 2017 ya ɗanɗana wani soyayyen jatan lande na kamfanin abincin gaggawa Popeyes, bai yi masa ba, ya dubi kyamara ya ce takaicinsa ba ya misaltuwa, an ɓata masa yini. Wannan maganar ce ta zagaya intanet. Wane maroƙi ne ke yin suna da kushe mai gida?

Uwar Biyu: Ni abin da ya ba ni dariya kwat ɗin. Mutum ya ci ado kamar zai je ɗaurin aure, ashe burodi da nama zai ci a cikin mota.

Ɗan Dang: Anti, haka yake shigarsa kullum. Kuma ga wadda za ta burge Kawu: yana da shirin rediyo a gajeren zango, VORW. Irin zangon da kuke murɗa BBC da asuba.

Kawu Direba: Wannan kam na ba shi. Yaron da ya san gajeren zango yana da tarbiyya. Amma ba ta canza zance ba.

Hajiya ta Yelwa: Ku matsa in shigo, don ni abin ya taɓa. Kun san ina tuwo da miya da shinkafa tun kafin a haifi Ɗan Dang. Kafin azumin bara wasu samari biyu suka zo mini da rana tsaka, ɗaya riƙe da fitilar nan mai zobe a kan sanda. Suka ce su masu tallata abinci ne, in zuba musu shinkafa da rabin kaza da folere mai sanyi, sannan in ɗora jaka 10 na "aiki". Na ce abinci dai ga shi, ku biya ku ci. Sai mai fitilar ya leƙa bayan rumfa inda yarana ke wanke-wanke, ya ɗaga waya ya saita ta kan bokitin ruwan ɗauraya, ya ce, "Hajiya, wannan ma bidiyo ne." Wallahi jikina rawa ya yi. Bokitin nan ba ƙazanta ba ce, ruwan farko ne, akwai na biyu da na uku a gefe, amma wa zai tsaya ya duba a TikTok? Na ba su abincin suka tafi. Kuɗin ne dai ban bayar ba. To Ɗan Dang, wannan me sunansa?

Ɗan Dang: Hajiya, wannan ƙwace ne, Allah ya isar miki. Amma ɓarawo ya sa farar riga ba ya sa a ce likitanci sata ne.

Hajiya ta Yelwa: Ni dai irinsu na gani da idona. Mai kwat ɗin a waya na gan shi.

Ɗan Kuseri: Ina ganin kun tsallake wurin da maganar take. Tambayar ita ce: wa ke biyan mai ɗanɗanon? Na Amurka, YouTube ke saka talla a bidiyonsa ta ba shi kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallar, ga masu kallo da ke tura masa gudummawa. Saboda haka ko Popeyes ta yi fushi, tukunyarsa ba ta sauka. Kuma kafin ka kai ga kuɗin tallar nan sai ka tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. TikTok kuwa tsarin da take biyan masu bidiyo da shi yana ƙasashe irin su Amurka da Faransa da Jamus, ba ya nan. Shi ya sa za ka ga yara na roƙon ɗan'uwa a Faransa ya buɗe musu akawun. To idan mai kallo bai biya ka ba, kamfanin ma bai biya ka ba, saura wa? Mai abincin. Da zarar shi ne mai biya, Kawu ya yi gaskiya, ko kana so ko ba ka so.

Kawu Direba: Allah ya yi maka albarka. A rubuta a ajiye.

Ɗan Kuseri: Kada ka yi saurin murna Kawu, ban ce ko'ina haka ne ba. Akwai wani Keith Lee, tsohon ɗan damben keji ne, ya yi suna a TikTok daga Las Begas. Shi iyalinsa yake turawa su sayo masa abincin don kada a gane shi a gyara masa na musamman, ya ci a mota, ya ba da maki bisa 10. Ƙananan gidajen abinci da ke gab da rufewa sun cika maƙil bayan bidiyonsa ɗaya. Da ya je Atlanta a 2023 ya faɗi yadda wasu ke wulaƙanta mai saye, gari ya ɗauka. Mutumin da ke ɓoye fuskarsa don kada a yi masa alfarma, ba za ka kira shi maroƙi ba.

Mai Tsire: Ku bar ni in faɗi yadda cikar nan take a wurin mai wuta, don daga nesa daɗi gare ta. Wata yarinya 'yar makaranta ta sayi tsiren sefa 500 a wurina, ta biya, ban ma san tana ɗauka ba. Ta nuna yadda nake barbaɗa ƙuli, ta ce yajina ya fi na kowa a layin. Washegari kafin a kira isha'i tire ya koma ƙarfe, ko tsinke ɗaya babu, mutane na tsaye kan babura suna nuna mini fuskata a wayoyinsu. Na ce to arziki ya zo. Na je mahauta na ɗauko cinya biyu bashi maimakon ɗaya, na ƙara yaro, na ƙara gawayi. Kwana kaɗan aka yi, suka ɗauke ƙafa kamar an yi ruwa an ɗauke, wani bidiyon ya ja su wani wuri. Naman da ya kwana, wutar lantarki ta tafi, firijin maƙwabci ya huce. Sai da na biya bashin nan da kuɗin adashina. Yarinyar ba ta yi mini laifi ba, alheri ta nufa. Amma tsofaffin kwastomomina da suka zo daren cikar suka tarar babu, wasu har yau wurin na gaba da ni suke tsayawa.

Uwar Biyu: Ikon Allah. Yabon ma da kuɗinsa.

Malam na Lopere: Na karanta duka. Akwai ɓangaren da ba wanda ya taɓo. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Annabi, tsira da aminci su tabbata a gare shi, bai taɓa aibata abinci ba. In ya so ya ci, in bai so ba ya bari. Da aka kawo damo gabansa ya janye hannu, Halidu ɗan Walidu ya tambaya ko haramun ne, ya ce a'a, babu shi ne a ƙasar mutanensa, shi ya sa ransa bai karɓa ba. Ku duba, bai ce abin ba shi da kyau ba. To wanda ya mai da yamutsa fuska a kan abinci hanyar cinsa, ya auna kansa da wannan.

Ɗan Dang: Allah gafarta Malam, to idan an cuci mai saye fa? Man da aka soya kifi da shi sati guda, ko naman jiya a ɗumama a ce na yau ne?

Malam na Lopere: Wannan wani babi ne, kuma ka yi tambaya mai kyau. A Muslim, Annabi ya wuce tarin hatsi a kasuwa, ya cusa hannu ya ji danshi. Mai shi ya ce ruwan sama ne ya taɓa. Ya ce me ya hana ka sa jiƙaƙƙen a sama mutane su gani, wanda ya yi algus ba ya tare da ni. Saboda haka faɗakar da jama'a kan algus nasiha ce. Amma "gishiri bai ji ba, na ba ta 4" ba algus ba ne, harshenka ne. Kuma ko algus ɗin, ka fara samun mai shi a keɓe kafin ka tara masa duniya.

Anti Nas: Ni ta jikinka nake ji, ƙanena. Wannan aiki da ciki ake yinsa. Kun san Nikocado Avocado, wanda ke zama gaban tulin taliya yana ci yana kuka? Da siriri ne mai kaɗa goge, ko nama ba ya ci. Kallo ya yi ta ƙaruwa, shi ma yana ƙaruwa, har a 2024 ya fito ya nuna ya zubar da fiye da kilo 100. Masu kallo ba sa gajiya da neman faranti mafi girma. Kai kuma nan, maiƙo da yaji da lemo mai sukari kullum, a zafin Garwa na watan Afrilu. Ina ganin masu hawan jini da ciwon suga a wurin aiki, ba tsofaffi kaɗai ba.

Ɗan Dang: Anti, wancan cin ƙeta yake yi, ba ɗanɗano ba. Mai kwat ɗin abu ɗaya yake ci a bidiyo, ga shi nan har yau kamar a hure.

Na Njamena: Ku ƙara da wannan cikin lissafi. Mu nan an taɓa toshe mana WhatsApp da Facebook daga Maris 2018 har Yuli 2019. Wata 16. Wanda shagonsa ke cikin waya, ran nan ina zai buɗe? Mai shayi kuwa ko kwana ɗaya bai fasa ba.

Uwar Biyu: Kuma ku tuna inda muke. Nan fa babba ba ya cin abinci a tsaye bakin titi, balle ya yi santi duniya na kallo. Maƙwabtanmu Fulani ko a gaban suruki ba sa kai loma. Ranar da za a je nema maka aure, Ɗan Dang, a ce me yaron ke yi? A ce shi ne mai lashe yatsa a TikTok?

Ɗan Dang: Anti, da ma can ana cewa wane ya san nama, a tura shi ya zaɓo ragon layya. Direbobi irin su Kawu, tsakanin Ngaundere da Marwa, sun san inda ake tsayawa a ci da inda ake wucewa ko yunwa na kashe ka. Fasinja na tambayarsu suna faɗa. Abin da zan yi ke nan, sai dai ni nawa da waya. Baƙo ya sauka daga jirgin ƙasa a Ngaundere, ina zai sami kilishi na gaske? Wanda ya zo Garwa, ina ake gasa giwan ruwa da ƙarfasar Lagdo ba a cuce shi ba? Mu ba mu da McDonald's, ko a Kamaru ko a Cadi, muna da mai ƙosai da mai shayi da mai balangu, kuma ba wanda ya taɓa zama ya nuna aikinsu yadda ya kamata. Zan biya da kuɗina, ba zan karɓi ko dala ba, in na ga algus in bi shawarar Malam.

Kawu Direba: Ni ina faɗa wa fasinja a cikin mota, magana ta mutu a nan. Kuma ga inda mai kwat ya fi ka sauƙi: shi kamfani yake kushewa, mai rassa dubbai, bai san mai shi ba, ba za su haɗu a masallaci ba. Kai duk wanda za ka ba maki, ko kun haɗa unguwa ko kun haɗa kaka. Ka ba Hajiya 5 ranar Laraba, ranar Juma'a ka je gaishe ta?

Hajiya ta Yelwa: Ya ba ni 5 ya gani.

Ɗan Kuseri: To in ba zai iya ba kowa ƙasa da 8 ba, makin ya zama ado. Mai kallo zai gane cikin wata ɗaya.

Ɗan Dang: Zan iya. Wanda abincinsa bai yi ba, sai in ƙi saka bidiyon kawai.

Ɗan Kuseri: Ka ga ka koma mai yabo zalla ke nan.

Kawu Direba: Bari in sauƙaƙa muku. Baffanka na kasuwa yana kilishi, kuma duk gidan nan an san tun da ya canza mai yi masa yanka yake fitowa da kauri, sai ka yi ta ja da haƙori. Fara da shi. Ka saya da kuɗinka, ka kunna wayar, ka faɗi abin da muke faɗa a bayansa, ka turo nan. Ranar zan janye maganata a gaban kowa.

Ɗan Dang: Haba Kawu. Baffa ne fa ke biya mini kuɗin ɗaki a Dang, unguwar jami'ar Ngaundere.