Don Allah a taimaka, suyar nama da ganye ta ƙi ni

Salam 'yan uwa, masu girki ku cece ni. Sau uku kenan ina gwada suyar nan ta 'yan Chaina da ake haɗa nama da ganye a kasko ɗaya, su da alade suke yi, ni na sa naman shanu tunda ba ma ci. To naman sai ya yi tauri kamar ƙirgi, alayyahu da kabejin kuma su saki ruwa abu ya koma miya tsululu. A risho nake yi, ko wutar ce ta yi kaɗan? Wata ta ce in shafa wa naman sitaci kafin suya, da gaske yana taushi? Jiya maigida ko loma uku bai yi ba wallahi.