Hajiya tana asibiti a Ingila, za a tsayar da kuɗin kula da ita ne?

Maman Ihsan:
Assalamu alaikum 'yan uwa mazauna Ingila, dan Allah wanda ya san kan abin nan ya taimaka min. Hajiyarmu ce ta zame a banɗaki ƙashin ƙugunta ya karye, aka yi mata aiki, yanzu ta doshi sati uku a kwance kuma har yau ba a ce ga ranar sallama ba. Tana karɓar Attendance Allowance (kuɗin da gwamnati ke ba tsofaffi masu buƙatar kulawa), ni kuma Carer's Allowance (kuɗin mai jinya) tunda ni ke jinyarta, sannan kansil (ƙaramar hukuma) na turo mana kuɗi muna biyan wata baiwar Allah da ke zuwa safe da yamma ta yi mata wanka ta shirya ta. Wata a masallaci ta ce da an kwantar da mutum shi kenan komai ya tsaya, wata kuma ta ce in ja bakina in yi shiru ba za su sani ba. Wanne zan ɗauka?

Baban Khalifa:
Wa alaikumus salam, Allah ya ba Hajiya lafiya ya sa kaffara ne. Duka biyun ba su faɗa miki daidai ba. Attendance Allowance ba ya tsayawa ranar da aka kwantar da mutum, sai ya cika kwana 28 a asibitin NHS (na gwamnati) sannan su dakatar da biya, kuma ranar da ta shiga da ranar da za ta fita ba sa cikin lissafi. Dakatarwa ce ba sokewa ba, tana dawowa gida ki sanar da su a ci gaba, ba sai an sake cike wancan dogon fom ɗin ba. Inda abin zai shafe ki shi ne naki kuɗin a jikin nata yake rataye, ranar da nata ya tsaya Carer's Allowance ɗinki ma ya tsaya. Fanshonta na gwamnati kuwa ba a taɓa shi, amma in tana karɓar Pension Credit (cikon da ake ba tsofaffi masu ƙaramin samu) da ƙarin nan na masu tsananin naƙasa, ƙarin zai fita.

Batun yin shiru kuma wallahi kada ki soma, DWP, ma'aikatar da ke biyan waɗannan kuɗin, za su gano ko ba daɗe ko ba jima, su ce a dawo da duk abin da aka biya fiye da ƙima, suna iya ɗora tarar fam 50 a kai. Ki kira su yau, lambar tana saman wasiƙar da suke turo mata, ofishin Carer's Allowance daban yake shi ma ki kira.

Anti Nas:
Sannu ƙanwata. Abu ɗaya da mutane ba sa lura da shi, in an sallame ta sai jiki ya sake tashi aka mayar da ita kafin ta wuce kwana 28 a gida, haɗa kwanakin suke yi, ba sabon lissafi ake farawa ba, wato wadda ta yi kwana 20 ta koma gida sati biyu ta dawo, saura mata kwana 8 kacal. Ki samu littafi ki riƙa rubuta ranar shiga da fita. Kuma kafin sallama ki nemi ganin masu tsara sallamar a wad ɗin, wadda aka yi wa aikin ƙugu ba za ta koma yadda take nan da nan ba, akwai taimakon farfaɗowa da ake turowa gida kyauta har zuwa sati shida, da abin dafawa da kujerar banɗaki mai tudu. Mu da kawaicinmu sai a tambaye mu mu ce ba komai za mu iya, su kuwa rubutawa za su yi cewa iyali sun ɗauki nauyi.

Maman Ihsan:
Na gode ƙwarai Allah ya saka da alheri. To ita mai zuwa gidan fa Anti? Hajiya ba ta sakewa da kowa sai ita, ina tsoron kada ta kama wani aikin.

Ɗan Zazzau:
Wannan ba hannun DWP yake ba, na kansil ne, kuma kowace kansil da nata tsarin. Amma jagorar dokar kula da manya, Care Act ta 2014, ta ce kwanciya asibiti kaɗai ba dalili ba ne na yanke kuɗin da kansil ke turo muku kai tsaye, ana duba yadda za a riƙe mai aikin. Tunda ku kuka ɗauke ta, tana da haƙƙi a kanku kamar kowane ma'aikaci, ki duba takardar yarjejeniyarku me ta ce a kan albashi in ba a gida mara lafiyar take ba. Ki tura wa soshiyal wokar Hajiya (jami'in jin daɗin jama'a na kansil) imel, ba waya kawai ba, ki tambaya sati nawa za su ci gaba da biya, ki kuma nemi a sake auna buƙatunta kafin ta dawo don da wuya zuwa biyu a rana ya ishe ta yanzu.