Wa ya ɗauke d3dx9_43.dll daga kwamfutar Ɗan Fagge?

Ɗan Fagge: Assalamu alaikum 'yan zaure. Yau sai na amayar da abin da ke cikina, wanda zai ji haushi ya ji. Masu gyaran kwamfuta ɓarayi ne. Na kai laptop ɗina wajen wani, ba zan kama suna ba, saboda ta fara nauyi. Ya ce sai an yi mata fomatin. Na biya, ya ɗora Windows 10. Na dawo gida na kwafo wasan ƙwallona daga filashi, ina dannawa sai ga saƙo wai ba a samu d3dx9_43.dll ba. Kafin in kai masa, wasan nan lafiya lau yake tashi. Na kira shi, wai in dawo gobe da kuɗin aiki. To in ba cire fayil ɗin ya yi don in koma ba, ina ya tafi? Ƙafa gare shi?

Oga Sale Mai Gyara: Wa alaikumus salam. Ƙanena, janye kalmar nan tukuna kafin a yi maganar fayil. Mutum ɗaya ya ɓata maka rai, ka haɗa mu gaba ɗaya ka kira mu ɓarayi? Da sana'ar nan nake ciyar da iyalina.

Ɗan Fagge: Oga ban kama sunanka ba. In ba rami me ya kawo rami?

Na Sabon Gari: Gaskiya ai ɗaci gare ta. Ni ƙanin matata an taɓa canza masa RAM a shago, an cire mai 8 an sa mai 4.

Oga Sale Mai Gyara: Kana wurin aka cire?

Na Sabon Gari: Shi ya faɗa min, kuma ba ya ƙarya.

Malam Tukur: A dai yi hattara da harshe. Sata ita ce ka ɗauke abin mutum ya bar hannunsa ya koma naka. Fayil in an goge shi, hannun wa ya koma? Iyakaci a ce ha'inci, shi ma sai da shaida.

Na Sabon Gari: Malam, kuɗin da zai sake biya gobe fa, aljihun wa zai shiga?

Malama Bilki: Don Allah ku saurara. Babu wanda ya cire komai, domin fayil ɗin nan tun asali ba ya cikin Windows 10, ba ya cikin Windows 11. Abin da ke rikita mutane shi ne fayiloli biyu masu kama da juna. Akwai d3d9.dll, wannan na cikin Windows, shi ne ƙofar da manhaja ke bi ta ce wa katin hoto ya zana abu. Akwai kuma masu x a tsakiya, d3dx9, waɗanda kayan taimako ne da Microsoft ta riƙa fitarwa daban ga masu haɗa wasanni, kamar loda hoton da za a lulluɓa wa ɗan wasa da lissafin juya abu a allo. Kowane fitarwa da lambarsa, daga 24 har 43, kuma wasan da aka gina da 43 ba zai karɓi 42 ba. Na 43 shi ne na ƙarshe, ya fito a watan Yuni 2010, daga nan aka daina.

Ɗan Fagge, a tsohuwar Windows ɗinka wani wasa ne ya shigar da shi lokacin da aka girka shi, ba ka sani ba. Fomatin ya share komai. Kai kuma kwafo jakar wasan ka yi daga filashi, ba girkawa ka yi ba, don haka matakin da ke shigar da kayan DirectX, wato tarin kayan wasanni na Microsoft da d3dx9 ke cikinsu, bai gudana ba. Duba cikin jakar wasan, sau da yawa akwai wata ƙaramar jaka mai suna Redist ko DirectX, a ciki za ka ga DXSETUP.exe. Danna shi. In babu, sauko da kunshin DirectX na Yuni 2010 daga shafin Microsoft, bai kai MB 100 ba, kuma kyauta ne.

Na Sabon Gari: Kun ji ko? Kyauta ne, amma mai gyara ya ce a zo da kuɗi. Ashe dai maganar Ɗan Fagge ta tabbata.

Oga Sale Mai Gyara: Ita ta ce ba a cire komai ba, kai ka ce ta tabbata. Lokacina da datata da man janareta, su ma kyauta ne?

Injiniya Kabiru: Duk wannan dogon bayani na mene ne? Ka rubuta sunan fayil ɗin a Google, ka sauko da shi shi kaɗai, ka jefa a jakar System32 ta Windows. Minti biyu an gama. Haka nake yi wa kowa.

Malama Bilki: Injiniya, wannan shawarar ce ke cika shagon su Oga Sale. Tsofaffin wasannin nan yawancinsu 32-bit ne, kuma a Windows mai 64-bit fayilolin 32-bit a SysWOW64 suke zama, System32 ta 64-bit ce, duk da sunan ya nuna akasin haka. Ka sa wanda bai dace ba, saƙon farko ya tafi, saƙon kuskure na 0xc000007b ya maye gurbinsa. Ban da haka, fayil ɗin dll umarni ne da zai gudana cikin manhajar da ta kira shi, da duk ikon da take da shi. Shafin da ba ka san mai shi ba ya ba ka, ka sa a tsakiyar Windows?

Injiniya Kabiru: Ni dai ban taɓa samun matsala ba.

Oga Sale Mai Gyara: Kai ba ka samu ba, mu muke samu, don wajenmu suke kawowa bayan ka gama da su. Wai ma injiniyan me kake ne? A ina aka ba ka?

Injiniya Kabiru: Kai da ka koya a bakin tebur kana ɗauko wa oganka sukundireba, kai ne za ka tambaye ni takarda?

Oga Sale Mai Gyara: Bakin teburin nan ya fi takardar da ba ta san SysWOW64 ba.

Malam Tukur: Subhanallah. Ku ji tsoron Allah, manya da ku.

Ɗan Damagaram: Gafara dai, tunda ana maganar, ni ma ga tawa. Dell Latitude E6420 gare ni, na sa manhajar zanen 3D ta Blender 2.80 ta ce sai katin hoto mai OpenGL 3.3. Na duba System32 na ga opengl32.dll yana nan daram. Ni kuma wa ya sace min?

Malama Bilki: Naka daban ne, yayana. Wannan opengl32.dll na Windows ɗan aike ne kawai, OpenGL ita ma hanya ce ta ce wa katin hoto ya zana abu, shi da kansa iyakarsa OpenGL 1.1. Ainihin aikin yana cikin direban katin hoto, na Intel ko Nvidia ko AMD. In katin Intel HD 3000 ne a cikin taka, na 2011, direbansa a Windows ya tsaya a 3.1. Babu fayil ɗin da za ka kwafa ya ɗaga shi. Wasu na ajiye opengl32.dll na Mesa, wani direban zane na kyauta, kusa da blender.exe, manhajar ta buɗe, amma furosesa ce za ta riƙa yin zanen maimakon katin, sai ka ga abu na jan ƙafa. Blender 2.79 za ta fi maka sauƙi, 2.1 take nema.

Baban Ubuntu: Ina ta jira a zo nan. Wannan HD 3000 ɗin dai, a Linux da direban Mesa yana kai wa 3.3. Kati ɗaya, kwamfuta ɗaya. To su wane ne ɓarayin na gaskiya? OpenGL tun 1992 Silicon Graphics ta fitar da shi kowa ya amfana, sai Microsoft ta zo da DirectX a 1995 ta ɗaure masu wasanni a gidanta. Ku bar masu gyara su sarara, ku goge Windows.

Ɗan Damagaram: Ka gwada Blender ɗin a kan irin tawa?

Baban Ubuntu: Ban gwada a kan irin taka ba, amma ai lambobi ba sa ƙarya.

Injiniya Kabiru: Laifin Dell ne. Da HP ya saya da ba a yi haka ba.

Oga Sale Mai Gyara: EliteBook 8460p ma ai HD 3000 ɗin ne a yawancinsu, Injiniya. Ka ga abin da nake faɗa?

Na Sabon Gari: HP da ke zafi a cinya? Lenovo dai.

Autan Mama: Ni fa na ga libEGL.dll da libGLESv2.dll a jakar Chrome, na sake ganinsu a ta VS Code, na sake ganinsu a Discord. Abu yana haihuwa da kansa, na ce bairos ne na goge su duka.

Malama Bilki: Innalillahi. Auta, na ANGLE ne, aikin Google, suna juya umarnin OpenGL ES zuwa Direct3D na DirectX. Duk manhajar da aka gina a kan Chromium, wato tushen Chrome, da nata kwafin take zuwa. Sake girka ukun.

Baban Ubuntu: Kun gani? Sai da aka yi wa Windows tafinta.

Ɗan Fagge: Ni dai har yanzu ba wanda ya amsa min. Me ya sa bai sa min fayil ɗin tun farko ba?

Oga Sale Mai Gyara: Ka ce masa kana buga wasa?

Ɗan Fagge: Ai shi ne gwani, shi ya kamata ya sani.

Shugaban Zaure: To jama'a, dare ya yi, zan rufe wannan zaren. Ga abin da na fahimta. An tabbatar masu gyara ba su da laifi ko kaɗan, kuma ya kamata Ɗan Fagge ya nemi afuwarsu a bainar jama'a, musamman Oga Sale wanda tare muka koyi aiki, na san amanarsa. Maganar canza RAM jita-jita ce, ba a kawo shaida ba. Batun kuɗin aiki kuwa, mai gyara yana da haƙƙin ya caji duk abin da ya taɓa, ko da danna DXSETUP ne. Malama Bilki ta yi ƙoƙari, sai dai bayanin ya yi wa talaka tsawo, irin wannan gara a kawo shago kawai. Baban Ubuntu, wannan ne gargaɗi na ƙarshe kan tallar Linux a zaren da ba naka ba. Shi kuma Injiniya Kabiru, sunan nan zai ci gaba da zama a kansa har sai ya turo mana hoton takardarsa. A kan HP da Dell, kowa ya san Dell ta fi, ba sai an ja ba. Na rufe.