Musayar Waƙa: Yunwar Faransa da Wuyan Sarki

Malam Na-Gwale
Salamu alaikum 'yan zaure. Mako biyu babu wanda ya jefo ko ɗango ɗaya. Ga maudu'i: juyin juya halin Faransa na 1789, amma ta ɓangaren talaka. Na buɗe:

Bismillahi, zan ɗauko batun Faransa,
Ranar da yunwa ta kai su ga tayarwa.

Gida uku aka raba mutanen ƙasar,
Limaman coci ne a gaba, ba jayawa.

Sai masu sarauta, jinin gado da gandu,
Haraji mai nauyi ba su ake aza wa.

Na uku manomi da ɗan kasuwa da lauya,
Su ne jakin da kowa ke ɗora wa.

Gishiri ma sai da haraji ka lasa,
Ushirin gonarka coci ke kwashewa.

Tattabarun mai gandu su ci hatsinka,
Ka harbi ɗaya, hukunci na biyowa.

Ƙanƙara ta zubo ta kwantar da alkama,
Sanyi ya biyo, kogi yana daskarewa.

Ƙanƙarar nan ta Yulin 1788 ce. Kafin shekara ta zagayo kuɗin burodi ya gagari lebura. Wa zai karɓa?

Gwaggo Ta-Zazzau
Ni zan karɓa, tun da Kanawa sun fara da sauƙi kamar kullum.

Bakano ka zo da "wa" kamar tallan kunu,
Amsa-amon da ba ya buƙatar aiki.

Ka lissafo maza, ka tsallake mata,
Ka manta wa ya je ya taso sarki.

Matan kasuwar Faris, masu sai da kifi,
Suka wayi gari ba abin sa wa a baki.

Biyar ga Oktoba, ruwa yana zuba,
Suka kama hanya a ƙasa, babu doki.

Har fadar Barsai, suna jan igwa,
Burodi suka je nema, ba biki.

Kashegari suka taho da shi birni,
Da matarsa da ɗansa, ana mamaki.

Tafiyar kusan kilomita 20 ce, cikin caɓi. A hanyar dawowa suna kiran sarki mai gidan burodi, sarauniya matar mai burodi, ɗansu kuma yaron gidan burodi. Sarkin bai sake kwana a Barsai ba.

Ɗan Tudun Wada
Gwaggo kin gama magana! Allah ya ƙara basira. Harafin "ki" ba na ƙananan yara ba ne. A kawo wa Malam ruwan sanyi.

Auta Na-Fagge
Kai Ɗan Tudun Wada, ko tari Gwaggo ta yi sai ka ce baiti ne. Malam ne ya share fage, ita ta zo ta tarar da shimfiɗa.

Ɗan Birnin Damagaram
Ku yi haƙuri, sai yanzu na samu rezo. Bakano, wannan tarihin namu ne na lakwal, wato makarantar boko, mushe malaminmu ya sa mun haddace shi da dorina a hannunsa.

Bakano, tsaya in ƙara maka zance,
Mu a lakwal muka sha shi tun da wuri.

Bastil ɗin nan da kuke kururutawa,
Fursuna bakwai ne ciki, ba wani tari.

Bindiga na hannu, ba albarushi,
Shi suka je nema, ka ji asiri.

Can ƙauye kuwa tsoro ya game ƙasa,
Manoma suka fito da lauje da gatari.

Takardun hakkin gado suka nema,
Suka cinna musu wuta a tsakar gari.

Daren huɗu ga Agusta masu gandu,
Suka ce sun yafe, tsoro ya sa su bari.

Yafewar ma da wayo a cikinta: an ce manomi ya fanshi kansa da kuɗi. Sai a 1793 aka soke biyan gaba ɗaya.

Malam Na-Gwale
Babu wanda ya ambaci Bastil a nan sai kai, amma ba komai. Gwaggo zan dawo kanki. Bari in sallami abokin wasana tukuna.

Badamagare mai lakwal, sannu da hadda,
Ka kwashe darasin mushe ba wahala.

Sun rubuta 'yancin ɗan Adam a takarda,
Suka zo ƙasarku da ita da bulala.

Tambayi Birnin Ƙonni abin da ta gani,
Ranar da aka wuce ta ana zub da ƙwalla.

Kakanka ya ɗauki kaya bisa kansa,
Aikin dole, ba lada, ba hutun salla.

Kai ne yau kake koya mini Faransa,
Kamar ɓera ya yi wa kyanwa talla.

Sanarwar 'yancin ta Agustan 1789 ce. Ayarin sojan Faransa na Bule da Shanuwan ya afka wa Ƙonni a 1899. Aikin dole kuwa sai 1946 aka hana shi. Ka yi lissafin shekarun da kanka.

Malam Mai Aruli na Sakkwato
Ina karantawa tun jiya ina haƙuri. 'Yan uwa, wagga ba waƙa ta ba, zube ne anka yanyanka layi-layi. Malam Na-Gwale, duba ɗangonka: "Gida uku aka raba mutanen ƙasar." Daga "u" na uku har "mu" na mutanen, gajerun gaɓoɓi bakwai a jere. Wane kari ne ya yarda da haka? Ba Mutaƙarab ba, ba Kamil ba, ko Rajaz da ake kira jakin mawaƙa ba ya ɗaukar wanga kaya. Kuma kun haɗa "wahala" da "ƙwalla" kun ce amsa-amo ya tashi.

Auta Na-Fagge
To ga shi nan. Ana maganar mutane na mutuwa da yunwa, shi yana ƙirga gaɓa.

Ɗan Tudun Wada
Amma fa gaskiya ya faɗa a kan na Malam. Na Gwaggo ne dai babu abin cewa.

Malam Mai Aruli na Sakkwato
Akwai abin cewa. "Burodi suka je nema, ba biki" ya fi ɗan uwansa na baitin sama gajarta ƙwarai. Ɗingishi yakai.

Gwaggo Ta-Zazzau
Malam, matan da suka yi kilomita 20 a ƙasa dole su yi ɗingishi. Da gangan ne.

Auta Na-Fagge
Makaɗan baka na ƙasar Hausa nawa ne suka karanta aruli? Kalangu ne ma'auninsu. In Malam ya isa ya saka nasa mu gani.

Hajiyar Sabon Zango
Ni dai daga Kumasi nake bin ku, ban iya waƙa ba. Amma ai ita matar sarkin ce ta jawo, da aka ce mata babu burodi ta ce su ci kek.

Ɗan Birnin Damagaram
Hajiya, babu wata shaida cewa Mari Antuwanet ta faɗi haka. An jingina mata ne. Laifinta da jama'a suka riƙe shi ne almubazzaranci da kuma kasancewarta 'yar Ostiriya.

Malam Mai Aruli na Sakkwato
Auta, ka ce in saka nawa. Ga shi a Mutaƙarab, ka auna da kalangunka:

Da sarki ya faɗi, wuƙa tai kira,
Ta ce wa mutane: ina kan jira.

Da Danto da Ebar wuƙar nan ta ci,
Ana cinye juna kamar 'yan dara.

A Yuli ta juyo ga mai ba ta ci,
Ta ce: kai ka saura, ka amsa kira.

Mutanen da sunka fito don su ci,
Suna nan a layi kamar 'yan bara.

An sare kan sarki Luwi na 16 ranar 21 ga Janairun 1793. Cikin jagororin juyin, Ebar a Maris na 1794, Danto a Afrilu, shi kuwa jagoran nasu ranar 28 ga Yuli. An ƙayyade farashin abinci da doka a 1793, bayan faɗuwarsa anka janye dokar, kuɗin takarda kuwa sunka zama ganye.

Ɗan Tudun Wada
Kai! Wannan kam ya zauna. Ban so in yarda ba.

Gwaggo Ta-Zazzau
Ya zauna, amma a kan kujerar aro.

Malam Mai Aruli, na ga gwaninta,
"Kira" sau biyu, ko ka rasa na canji?

"Kamar 'yan" a sama, "kamar 'yan" a ƙasa,
Tela mai zare ɗaya ke wannan ɗinki.

Ka ɓoye sunan mai ba wa wuƙa abinci,
Don ya ƙi shiga awonka, ka yi tsaki.

Ga wata mace da ta rubuta hakkin mata,
Olam da Guj, suka kai ta wurin yanki.

Ƙungiyoyin mata aka rufe su tas,
Aka ce su koma murhu da ɗaki.

A 1793 aka yi duka biyun. Matan da suka taso sarki daga Barsai, jikokin jikokinsu ne suka fara jefa ƙuri'a a 1945.

Malam Mai Aruli na Sakkwato
Gwaggo, "canji" da "ɗinki" ba su haɗu ba. Kin fara da "ji" kin koma "ki".

Gwaggo Ta-Zazzau
Na sani. Tarko na sa maka in ga ko za ka bar maganar sunan. Faɗi sunan mutumin a cikin baiti.

Ɗan Birnin Damagaram
Ku dakata, ina da bashin Bakano tun shekaranjiya.

Bakano, bulalar da ka ce gaskiya ne,
Amma ba mu muka fara sha ba, ka sani.

Bayin rake na tsibirin San Domang,
Suka ji ana 'yanci, suka ce: har da ni.

Faris ta 'yanta su, Nafoliyon ya warware,
Suka ƙwaci Haiti da ƙarfi, ka gani.

Kai kuma da kake mini gorin kaka,
Tambayi Kano Kuran Daga, wane ne wani.

Tawayen bayin 1791 ne, an soke bauta a 1794, Nafoliyon ya mayar da ita a 1802, Haiti ta tsaya da ƙafarta a 1804.

Auta Na-Fagge
Kuran Daga sarkin Damagaram ya zo da yaƙi, amma ya shiga Kano? A ce mini ya shiga.

Malam Na-Gwale
An ɗauke mana wuta, caji saura kaɗan. Badamagare, ɗangonka na ƙarshe ko kai ba ka san me yake nufi ba, amsa-amo ne ya ja ka. Gwaggo, bashinki na nan, gobe da harafin "tsa" zan zo. Malam Mai Aruli, har yanzu muna jiran sunan.

Malam Mai Aruli na Sakkwato
Ku fara daidaita rubutunsa tukuna. In Robasfiya ne, "Robas" na shiga, "fiya" na shiga, tsakaninsu ne gaɓa ɗaya ta ɓace. In kun ce Robisfiyar ne, sai in sake awo.

Ɗan Birnin Damagaram
Duka biyun ba haka mushe ke faɗinsa ba.