Ina son ɗaukar ɗan gajeren fim a maƙera, ku ba ni shawara

Ɗan Rigasa:
Assalamu alaikum jama'a. Akwai wani dattijo maƙeri a bayan layinmu, har gobe da zuga-zugi na fata yake hura wuta. 'Ya'yansa duk sun koma walda a Panteka. Ina son in ɗauke shi da waya, kamar minti 10, tun daga guntun sifirin mota har ya zama gatari. Abin da ke ɓata min rai da gajerun fina-finan ƙira na YouTube, sai a cika su da kiɗa, a gaggauta hoton, ba ka jin saukar masaba a kan uwar maƙera. Ni wannan ƙarar nake so a ji. Sannan rumfarsa duhu gare ta. In kunna fitila ne?

Jikan Maƙera:
Wa alaikumus salam. Kada ka kunna, ƙanena. Maƙeri da launin ƙarfe yake gane zafinsa, daga ja zuwa ruwan lemo zuwa rawaya, haske mai yawa kuwa ɓoye launin yake. Ka matso da wayar lokacin da ya cafko ƙarfen da awartaki, tartsatsi na tashi, da lokacin da zai tsoma bakin gatarin a ruwa, ya yi cuuu. Ka tambaye shi gawayinsa. A gidanmu na ƙirya muke nema, ya fi ƙarfin wuta, ba ya saurin zama toka. In ma kiɗan ya zama dole, dundufa ce ta maƙera.

Malama daga Kawo:
Ka fara kai wa Baba gaisuwa da goro, ka nemi izini. Abin da ya shafi asirin wuta, in ya ce kada a nuna, kada ka matsa. Don Allah ka tambaye shi ko ya riski masu narka tama, su ne suke ƙarewa. Sana'ar ta daɗe a yankinmu: garin Nok yana nan ƙaramar hukumar Jaba ta jihar Kaduna, kuma a Taruga, kusa da Abuja, an tono tandunan narka ƙarfe na mutanen Nok da suka haura shekara 2000.

Ɗan Rigasa:
Allah ya saka da alheri. Baba ya amince, amma ya ce in bari sai bazara, lokacin da manoma ke kawo garma da fartanya gyara. Wa ke da ƙaramin makirufo ya ara min? Na wayata ba ya kama hucin zuga-zugi.