Ɗana yana son ya zama mai faɗuwa a madadin jarumi a fim

Baban Khalifa, Jidda:
Assalamu alaikum. Shawara nake nema. Babban ɗana shekararsa 21, a nan Jidda aka haife shi, tun yana ƙarami yake taikwando. Tunda aka buɗe gidajen sinima a 2018 hankalinsa ya koma kan fim. Da jarumi yake son zama da na fi ganewa. A'a, shi so yake a sa masa kayan jarumi, ya faɗo daga bene ko daga kan doki, a ɗauke shi ta baya, ko fuskarsa ba za a gani ba. Makon jiya na hau sama duba tankin ruwa, na tarar ya jera kwalayen firiji da tsohuwar katifa, yana dirowa da baya. Gwiwar hannunsa duk ta saɓule. Mahaifiyarsa ba ta sani ba har yanzu. Wannan sana'a ce da mutum zai riƙe iyali da ita?

Direba, Madina:
Wa alaikumus salam, Alhaji. Na taɓa jigilar ma'aikatan wani fim a Al'ula. Faɗuwar da za ka gani cikin ƙiftawar ido, kwana biyu suka yi suna gwada ta. An auna tsawon da tef, an hura katifar iska, an ɗaure mutumin da waya ta cikin riga, ga motar asibiti a gefe. Shugabansu dattijo ne mai ɗingishi, kuma idan ya ce a'a, darakta ma shiru yake yi. Ba ganganci suke saya ba, wanda zai maimaita faɗuwa sau biyar iri ɗaya suke nema. Sai dai aikin ba kullum ba ne, in an gama fim sai zaman jira.

Umman Safiyya, Makka:
Ni dai ban goyi baya ba. Ina yarinya a 1982 Amitabh ya ji rauni a ciki wajen ɗaukar faɗa a fim ɗin Coolie, ya kusa rasa ransa. Jackie Chan kuwa a 1986 ya faɗo daga bishiya, ƙoƙon kansa ya tsage. Waɗannan masu kuɗi ne, likitoci na kansu. Ɗanmu fa? Igamarsa, wato takardar izinin zama a Saudiyya, ta ba shi damar wannan aikin? In ya karye, wa zai biya asibiti? Kuma don Allah, Alhaji, ka gaya wa uwarsa yau.

Ɗan Kallo, Riyad:
Gaskiyar Umma ce, Baba, amma akwai gaba. Jiki ba ya jure wannan aiki har tsufa, shi ya sa masu wayo suke koyon magana a gaban kyamara. Ben Johnson mahayin doki ne, a madadin wasu ya fara, daga baya ya riƙa fitowa da fuskarsa, har ya ci Oscar, babbar kyautar fina-finai ta Amurka, da fim ɗin The Last Picture Show na 1971. Al Leong kuma kun sha ganinsa cikin yaran bos, kamar a Die Hard na 1988, ba ku san sunansa ba, amma ya daɗe ana kiransa aiki. Chad Stahelski da ya tsaya wa Keanu Reeves a The Matrix shi ne daraktan John Wick. Masu Oscar ma sun sanar za su fara ba da kyautar wannan fanni a 2028. In zai yi, ya koyi hawan doki da iyo da tuƙi a hannun masu koyarwa, ya gyara Turancinsa.

Baban Khalifa, Jidda:
Allah ya saka da alheri. Umma, na gaya mata bayan isha, ta yi kuka. Kwalayen nan na sauko da su da hannuna. Na ce masa ba na hanawa, amma ba zai bar aikin shago ba, kuma duk takardar da za su ba shi sai na ga maganar inshora a ciki kafin ya sa hannu. Malam Direba, dattijon nan mai ɗingishi, kana da hanyar da za a same shi?